Baffa, Mai Sayen Barsim Ba Shi da Jaki

Daga Allah muke, gare Shi za mu koma. Baffa, yayan mahaifina kuma uban matata, ya rasu da hantsi a gidansa na unguwar Tandabawi a Makka, a shekarar da aka fara rushe shagunan gefen Safa da Marwa don faɗaɗa Harami. Aka yi masa salla bayan la'asar, aka kai shi maƙabartar Ma'ala. Tun daga ranar zama ya gagare ni. In na zauna sai in miƙe, in na miƙe ban san inda za ni ba. Shi ya sa na ce bari in rubuta abin da na sani game da shi, tun kafin masu ba da labari su mai da shi waliyyi, wasu kuma su mai da shi mahaukaci, alhali ko ɗaya bai zama ba.

Kwana uku muka jera kujeru a lungu muna karɓar gaisuwa, ana zagayawa da gahawa. 'Yan ga-ruwa abokan sana'armu suka riƙa zuwa daga aiki kai tsaye, kowa ya jingine zafarsa a bango, wato sandar nan mai garwa biyu da muke saɓawa a kafaɗa, har lungun ya toshe mai wucewa sai ya karkace. Wani tsohon attajiri Balarabe ya zo da kansa yana dogara sanda, ya kama hannun Baba, mahaifina, ya yi masa ta'aziyya ya ce, "Azzamallahu ajrakum, ya Sheikh. Tun ina saurayi yake kawo mana ruwa, bai taɓa taka matakalar gidana bai yi 'Ya Sattar' don mata su kauce ba." Wani Babarbare daga unguwar Utaibiyya ya durƙusa a tsakiyar lungu yana kuka da ƙarfi kamar shi ne ɗan mamacin, sai da aka riƙe shi aka zaunar.

Daga cikin gida kuwa muna jiyo muryar Iya, matar Baffa. Mata na ba ta haƙuri, ita tana faɗa. "Ku rabu da ni," in ji ta. "Mutumin nan ya tafi ya bar min kwando cike da busasshiyar ciyawa, ba jaki, ba akuya. Yanzu wa zan yi wa masifa a kanta?" Sai muryar ta karye, matan suka kama kuka tare da ita.

Amma maganar da ta hana ni sukuni ba a cikin gida aka yi ta ba. A bayan kujerata wani ya raɗa wa na kusa da shi, "To, yanzu dai Shehu ya huta." Shehun nan mahaifina ne, shugaban 'yan ga-ruwa na bazan ɗinmu, yana zaune a kan layi yana amsa gaisuwar mutuwar wansa. Ban waiga ba, don na san ba ƙarya mutumin ya yi ba a ganin kowa. Shekara biyu ke nan Baba da Baffa ba su sa hannu a kwano ɗaya ba, kuma duk Tandabawi an san dalili.

Wanda bai zauna da mu ba sai an yi masa bayani. Bazan shi ne wurin da ruwa ke fitowa a unguwa, inda muke bin layi mu cika garwa mu kai gidaje. Kowane bazan yana da shehunsa, kuma masu sana'ar suna da shari'arsu tun kafin a haife mu. In mai gida ya kawo ƙara, ko wani ya tsallake layi, ko ya ƙwace wa ɗan'uwansa gidan da yake kai wa ruwa, sai a kewaye a zauna, Shehu a tsakiya. Shi ke yanke hukunci. In duka ne, mai laifi ya kwanta rub da ciki, naƙibi, wato mai riƙe wa Shehu sanda, ya ɗaga hannu. To, a nan ne al'adar take. Duk wanda ke zaune a da'irar, babba ko ƙarami, yana da ikon ya jefa ɗanyen ganye a bayan wanda aka kwantar. Da ganye ya sauka, sanda ta tsaya. A karanta Fatiha, magana ta koma hannun jama'a, su sake tauna ta. Ganyen da ya fi sauƙin samu shi ne barsim, ciyawar da ake sayar wa masu jakai a ƙulle-ƙulle.

Baffa bai taɓa zuwa zaman shari'a ba tare da ƙullin barsim a soke a ɗamararsa ba. In an jefa, an jefa. In ba a kai ga duka ba, ya komo da shi gida ya wurga a kwandon Iya. Mai sayar da barsim na kan kwanar kasuwa har tsokanarsa yake yi: "Ya Ammi, ina gajiyar jakin naka?" Shi kuma ya ce, "Yana nan lafiya, yau ma zai zauna a tsakiya." Ƙanensa yake nufi, kuma a gabansa ma yakan faɗa.

Tare suka zo ƙasar nan da ƙafa daga wani ƙauye na ƙasar Kano, Baffa yana saurayi, Baba yana ɗan ƙarami. Mahaifiyarsu ta rasu a hanya kafin su kai Sudan. Baffa ya yi aikin gona a can har ya tara abin ketare teku, ya goyo ƙanensa inda ƙafa ta gaza. Har ya mutu bai daina kiransa Auta ba, ko da Autan ya yi furfura ya aje tumbi. A da'ira kawai yake ce masa Shehu, shi ma da wata irin murya da ba ka iya cewa girmamawa ce ko zolaya.

Mutum ne da bai iya zama ba. Abinci ma a gaggauce yake ci kamar ana korarsa. Gardama kuwa ita ce gishirinsa. In ka ce masa yau rana ta yi zafi, sai ya tambaye ka wa da wa ka shawarta kafin ka yanke. Ni da na auri 'yarsa na sha wannan fiye da kowa. Ranar da na sanar da shi sunan da na zaɓa wa ɗana na fari, ya dube ni ya ce, "Madalla. Uwar yaron ta yarda, ko kai ma ka zama shehu?"

Da tsohon shehu ya rasu, Baffa aka fara yi wa tayin kujerar, don shi ne babba kuma kowa ya san gaskiyarsa. Ya ƙi ƙememe. Ya ce, "In na zauna a tsakiya, wa zai jefa min ganye? Ku duka kunyata kuke ji. Ku ba Auta, ni na san yadda zan yi da shi." Aka yi dariya aka naɗa Baba. Karin maganar da ya ƙirƙira wa kansa, wadda muka ji har muka gaji, ita ce, sanda ta Shehu ce, amma baya na mutane ne.

Babarbaren nan da ya yi ta kuka a makoki, ba abokin Baffa ba ne. Shi ne ya taɓa zaginsa a bainar jama'a kan layi, ya shure masa garwa har ta lotse. Ba a jima ba aka kawo ƙararsa kan wani laifi dabam, wanda shaidarsa ba ta cika ba, Baba ya yanke masa duka. Yana kwanciya sai ga barsim a bayansa. Da aka tashi mutumin ya bi Baffa zai yi godiya, Baffa ya juya masa ƙeya. "Kada ka gaishe ni," in ji shi. "Har gobe ba na son ganinka. Ba don kai na jefa ba, don ba a ji ta bakin mai gida ba ne." Kuma ya cika alkawari, ya yi wata da watanni bai amsa masa sallama da sakin fuska ba.

Sai dai ba zan rufe gaskiya don ya mutu ba, shi ma ba zai so ba. Baffa yakan jefa inda bai kamata ba. Akwai wani da aka kawo ƙararsa ya shiga gidan mutane bai yi sallama ba, ya tarar da mata a tsakar gida. A sana'armu babu laifin da ya kai wannan, don amana kawai muke sayarwa, ruwa na Allah ne. Baffa ya jefa masa ganye, ya ce sabon zuwa ne bai san ƙa'ida ba. Da'ira ta bi shi aka yi wa mutumin gargaɗi kawai. Ba a yi nisa ba mutumin ya sake, a lungu guda. Magidantan lungun suka haɗa baki suka ce kada Batakare, wato irinmu da muka zo daga ƙasashen baƙar fata, ya ƙara haura musu matakala, suka koma wa wani bazan. Mutane da yawa suka rasa gidajen da suke kai wa ruwa su ciyar da iyali. Baba ne aka kira gaban hukuma ya sha faɗa, ya dawo yana huci. Baffa ya ce ya yi kuskure, ya faɗa a fili ba tare da kwana-kwana ba, washegari kuma ya sake sayen barsim ɗinsa.

A wannan tsakanin ne wani alhaji malamin makaranta daga Zariya ya sauka a gidanmu bayan an sauko daga Mina, yana jiran ranar tafiyarsa. Kullum da azahar sai su zauna su uku a kan faranti ɗaya, ni ina gefe ina ci ina ji. Shi ya kawo mana labarin cewa a gida ana ta kai ruwa rana kan sabon tsarin mulki, an zaɓi wakilai zuwa majalisa, an naɗa ministoci, kuma rigimar duka a kan abu ɗaya take: tsakanin majalisa da masu riƙe da gwamnati, wa ke da ikon tsayar da wa.

Baffa ya aje lomarsa. "Malam, tsaya. In Gwamna ya ɗaga sanda, waɗannan wakilan suna da ganye?"

Da aka fassara masa abin da ganye yake nufi, malamin ya yi dariya har da tafi. Ya ce, "Ai dattijo, abin da ake faɗa a kansa ke nan. Wakilai suna so ya zama ba a kashe ko sisi, ba a kafa doka, sai sun yarda."

"Ka ji ko, Auta?"

"Amma fa," in ji malamin, "masu mulki suna cewa in komai sai an jira majalisa, aiki ba zai yi ba. Shi ya sa har yanzu Gwamna ya riƙe ikon ƙetare su in ya ga dama."

"Ka ji ko, Yaya?" in ji Baba.

Bawan Allah ya koma Zariya bai san wutar da ya bari ba. Kowannensu ya ɗauki rabin maganarsa ya sa a aljihu, ya bar wa ɗan'uwansa ɗaya rabin.

Da aikin hajji na gaba ya ƙarato, Baba ya tara da'ira ya kawo sabon tsari. Ya ce alhazai suna ƙaruwa kowace shekara, ana ta zancen za a ja famfo cikin gidaje, in muka ci gaba da ɓata safiya guda kan ƙara ɗaya, za mu wayi gari ba mu da sana'ar da za mu yi shari'a a kanta. Ya ce shi ake kira in an yi ɓarna, ba da'ira ba. Don haka daga yau ganye ya fita daga hannun kowa da kowa, ya koma hannun dattawa uku waɗanda Shehu zai zaɓa. "Kuma na farkonsu," in ji shi, "Yaya ne."

Baffa ya miƙe. "La, a'a, ya Sheikh. Ganyen da ka ba ni da hannunka naka ne, ranar da ka so ka karɓe abinka. Ni wanda na saya da kuɗina nake jefawa."

"Yaya, ka ga abin da jifarka ta jawo mana bara."

"Na gani, na kuma amsa. Ni in na yi kuskure, akwai mutum a nan da zai ce min na yi. Kai in ka yi naka, wa zai faɗa? Mutanen da ka zaɓa?"

Jama'a suka bi Baba. Wasu don sun gamsu, wasu don shi ke raba wuraren aiki a Mina kuma lokaci ya matso. Ni ina cikin waɗanda suka gamsu, kuma har yau ina ganin Baba yana da hujja, don na ga mutanen da suka rasa gidajen cinikinsu da idona. Na faɗa wa Baffa haka a fuskarsa da muka koma gida. Ya ce, "Ɗayyib, da kyau, aƙalla kai ka buɗe baki." Matata ce ta shiga tsaka mai wuya, ubanta a can, ƙanen ubanta kuma surukinta a nan.

A zama na gaba Baffa ya zo da ƙullinsa kamar ba a yi komai ba. Aka kwantar da wani, naƙibi ya ɗaga sanda, barsim ya sauka. Baba ya ce, "Ci gaba." Naƙibi ya ce, "Wallahi ya Sheikh, ba na iya dukan ganye, hannuna ba zai yarda ba. In an ɗauke, sai in yi." Ba wanda ya motsa. Dole Baba ya dafa gwiwa ya miƙe da nauyin jikinsa, ya taka har tsakiyar fili, ya sunkuya ya ɗauke ƙullin. Akwai jakin wani a ɗaure a gefe, sai ya miƙa masa, jakin ya karɓe ya hau tauna. Mutane suka fashe da dariya. Wannan dariyar ce ta raba su. Baffa bai yi fushi da dokar ba kamar yadda ya yi fushi da dariyar, daga ranar bai ƙara shiga gidanmu cin abinci ba.

Amma bai daina zuwa da'ira ba, kuma bai daina jifa ba. Ba kowane hukunci yake jefa wa ba, sai wanda bai kwanta masa ba, sai dai Baba ba shi da hanyar sanin wanne ne kafin lokaci. In ganye ya sauka, sai Shehu ya tashi, ya taka, ya sunkuya a gaban kowa da ciwon gwiwarsa. Na taɓa ce wa Baffa, cikin fushi, me wannan zai amfana tunda ƙarshe dai ana dukan? Ya ce, "Ɗana, ban hana shi ba. Amma sai ya sunkuya." Na ɗauka taurin kai ne irin na tsufa. Sai daga baya na lura Baba ya fara tambayar mai ƙara sau biyu sau uku, ya fara cewa a nemo shaida, ya fara sallamar mutane da gargaɗi. Ban sani ba ko adalci ne ya ƙaru ko gwiwa ce ta yi tsanani, amma bayan mutane ya samu sauƙi.

Da ciwo ya kwantar da Baffa, Baba ya je duba shi sau ɗaya bayan la'asar, ni na raka shi. Ya tsaya a bakin ƙofa yana murza carbi. Baffa ya buɗe ido ya ƙare masa kallo ya ce, "Auta, ka ƙara ƙiba." Baba ya ce, "Kai kuma ka rame, Yaya." Suka yi maganar wata tsamiya da ke ƙofar gidansu a ƙauye, suka yi gardama kan ko tana hagu ne ko dama. Ko kalma ɗaya ba su ce kan bazan ba. Na so ƙwarai ɗayansu ya ce wani abu, har ina jin haushinsu su biyun, amma haka muka fito.

Bayan an share makoki aka kira zama na farko. Ƙarar tsallake layi ce da ta kai ga dambe, irin wadda ba ta da wuyar yankewa, sai dai wanda aka ce shi ya fara ya rantse ba shi ba ne, kuma shaida ɗaya ce, abokin ɗaya ɓangaren. Baba ya yanke duka. Mutumin ya kwanta. Naƙibi ya ɗaga sanda ya tsaya, don ya saba tsayawa. Na dubi Baba, sai na ga ya riga ya dafa gwiwoyinsa biyu zai miƙe. Ya daɗe a haka. Ya dubi dattawansa uku da ya zaɓa, kowa ya sunkuyar da kai yana kallon yatsun ƙafarsa. Ya bi da'irar da ido ɗaya bayan ɗaya har ya zo kaina, ni ma hannuna wayam. Sannan ya saki gwiwoyinsa ya ce a hankali, "Ci gaba." Aka yi wa mutumin dukan har ƙarshe, muna zaune muna ji.

Muka kama hanyar gida ni da Baba. Yana tafe a gaba ina biye. Da muka kai kwanar kasuwa sai ya tsaya cak a gaban mai barsim, ya sunkuya yana gyara igiyar takalminsa, wadda ba abin da ya same ta. Bai ɗago ba ya ce, "Mutumin nan na yau, ban tabbata shi ya fara ba."

Na ce, "To Baba, me ya sa ka ce a ci gaba?"

"Saboda na riga na faɗa, kuma duk cikinku ba wanda ya tsayar da ni." Ya miƙe da ƙyar, idanunsa sun cika. "Kun bar ni ni kaɗai da sanda. Ni Shehu ne, in na sayi ganye da hannuna na jefa wa hukuncina, ya zama wasa."

Ya wuce ya bar ni tsaye. Dokarsa tana nan bai janye ba, kuma na san halinsa, ba zai janye ba. Duk wanda ya jefa, Baba zai tashi ne a gaban jama'a ya sunkuya ya ɗauke, kuma wannan karon ɗan cikinsa ne zai sa shi. Allah Ya jiƙan Baffa, Ya yafe masa kurakuransa, Ya shayar da shi daga tafkin Annabi kamar yadda ya shayar da maƙwabtan Ɗakinsa. Ni dai bai bar min sauƙi ba.

Mai barsim ya dube ni ya dubi bayan Baba da ke nisa, ya ce, "Kai ma jaki ka saya?"

Na ce masa a'a, ya ba ni ƙulli ɗaya, ɗanye.